Masu Gadin da Ba Sa Barci: Yadda Za Ka Tsare Garinka a Clash of Clans Kana Nesa da Waya

Duk mai buga Clash of Clans a Giyawa, ko Goronyo, ko Wurno, ko Rabah, ya san galibin hare-haren da ake kawo wa garinsa a bayan idonsa ake kawo su. Waya tana wurin mai caji, ko data ta ƙare, ko sabis ya ɗauke, ko kuma mai wayar yana can fadama yana ba albasa ruwa. Wanda ya ga watan Satumbar 2021, lokacin da aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 14 na jihar Sakkwato saboda matsalar tsaro, har da Goronyo da Rabah, ba sai an gaya masa cewa sabis a wannan yanki ba abin jingina ba ne. Sai mutum ya kunna waya da dare ya tarar an share masa gari, taurari uku cif, ya ɗora laifin a kan sabis.

Ba laifin sabis ba ne. Kamfanin Supercell na ƙasar Finlan, wanda ya fitar da wasan a 2012 a wayoyin iPhone, ya kawo shi Android a 2013, ya gina shi ne ta yadda mai gari ba shi da ta cewa da zarar an fara hari. Ko wayar tana hannunka, sabis cike, iyakarka kallo. Maharin mutum ne mai ido da dabara, an ba shi minti 3. Masu tare shi kuwa kwamfuta ce ke juya su. Don haka a fagen tsaro, ɗan Giyawa mai sanda ɗaya ta sabis da ɗan Helsinki mai intanet ba yankewa duk ɗaya suke. Abin da ya raba su shi ne shirin da kowa ya yi kafin ya ajiye waya.

Masu tsaron gari iri biyu ne. Akwai gine-gine, su igwa da hasumiyar 'yan baka da makamin kakkaɓo na sama, waɗanda ke tsaye inda ka dasa su. Akwai kuma masu rai, masu tafiya da ƙafarsu ko fiffikensu: dakarun da 'yan ƙungiyarka suka ba ka, waɗanda ke zaune a cikin Kilan Kasul, ginin da 'yan wasa ke taƙaitawa su ce Sisi; da jarumai, wato Sarki da Sarauniya da na bayansu; da ƙwarangwal ɗin da ke fitowa daga tarko. Kan waɗannan masu rai zan yi magana, domin su ne aka fi wulaƙantawa, alhali sau da yawa su ne ke raba tauraro biyu da uku.

Abu na farko da ya kamata ka cire daga ranka, ɗan'uwa, shi ne tunanin cewa suna da wayo. Ba su da shi ko kaɗan. Ƙa'idoji 'yan ƙalilan suke bi, kullum su ɗin ne, kuma duk maharin kirki ya haddace su. Ka taɓa Sisinka za ka ga wata da'ira mai faɗi ta kewaye shi. Dakarun ba sa fitowa sai sojan abokin gaba ya taka cikin wannan da'ira. Ko ya taka, ba kowa ke fitowa ba, sai wanda zai iya dukan abin da ya shigo: idan na sama ne ya shigo, wanda hannunsa bai kai sama ba zai ci gaba da zamansa a ciki kamar ba abin da ke faruwa. Idan kuma sun fito, sun fito ke nan. Za su tsallake katangar garinsu su bi sojan abokin gaba duk inda yake, ko da a can ƙarshen fili ne, ba ruwansu da abin da suka baro a baya. Halin karen gadi ke nan mai ƙarfi marar horo, wanda duk mai jefa masa ƙashi a bayan danga zai ja shi can, ƙofa ta zauna a buɗe.

A kan wannan rauni maharan suka gina dabarar da ta fi kowace daɗewa a wasan, wato janye masu gadi. Mahari zai duba gefen da da'irar Sisinka ta fi kusa da waje, ya saki soja ɗaya mai arha, Ƙato ko Hog ko Balun, ya shiga ya tada su. Da sun fito sai ya koma wata kusurwa mai nisa inda makamanka ba sa kaiwa, ya riƙa sakin Babariyan ko Aca ɗaya bayan ɗaya. Dakarunka za su yi ta binsu har su taru wuri guda, nesa da igwa, nesa da hasumiya, ba mai taimaka musu. Nan zai zuba musu tsafin guba, ya kewaye su da Wiza ko ya sa Sarauniyarsa ta tsince su. Cikin ɗan lokaci an gama da su, sannan a fara harin gaske a kan garin da ba kowa a ciki sai gine-gine.

Maganin wannan ba a cikin zaɓen dakaru yake ba, a wurin da ka ajiye ginin yake. Filin gari tayil 44 ne a tsaye, 44 a kwance, kuma mahari ba ya iya sauke soja a jikin gine-ginenka, dole sai daga bayan jan layin da ya kewaye su. To aikinka shi ne ka sa da'irar Sisi ta ƙare a cikin gari, kada ta leƙa bayan jan layin ta kowane gefe. Ka shiga wurin gyaran gari, ka kai Sisi tsakiya, ka taɓa shi, ka bi da'irar da ido gabas da yamma, kudu da arewa. Duk inda ka ga ta fita waje, ka tura gine-ginen da ba su da amfanin faɗa zuwa wajen: ma'adinan zinari, matatsar eliksa, bariki, sansanin soja, ɗakin bincike. Su ne za su tura jan layin baya. Idan ka yi haka, soja ɗaya ba zai isa ya tada masu gadinka ba. Dole mahari ya kashe Hog uku ko huɗu, ko ya haƙura ya shigo da rundunarsa duka ya gamu da su a tsakiyar wuta, wanda shi ne abin da kake so.

Da yawa daga cikinmu suna ba Tawun Hol tsakiyar gari, su jefa Sisi a gefe kusa da katanga, wai don ba a samun tauraro a kansa. A ganina wannan shi ne kuskure mafi tsada da ake yi daga Tawun Hol 8 zuwa 11. Faɗuwar Tawun Hol tauraro ɗaya ce, rushe rabin gari tauraro ɗaya ce, kuma maharin da ya san hannunsa zai samu waɗannan biyun ko ka ƙi ko ka so. Abin da ake karewa a yaƙi shi ne na ukun, wanda ba ya samuwa sai an rushe komai. Tawun Hol na waɗannan matakai ba ya harbi, ginin zaune ne kawai. Sai daga mataki na 12 yake samun makamin kansa. Saboda haka ka ba mai faɗa tsakiya, ka sa Tawun Hol a gefensa.

Kada kuma ka tsaya a nan. Ka duba hanyar da dakarun za su bi idan sun fito, ka tabbatar wurin da za su yi karo da abokan gaba yana ƙarƙashin inuwar hasumiyar Wiza da makaman sama. Mai gadin da ke faɗa makamai na mara masa baya ya ninka wanda ke faɗa shi kaɗai a fili.

Yanzu sai batun wa za a sa a ciki, kuma a nan ne gardama take a kowace ƙungiya. Sisi yana da iyakar gurbi, yana ƙaruwa da matakinsa: gurbi 25 a Tawun Hol 8, 30 a na 9, 35 a na 10 da na 11, 40 a na 12. Kowane soja da gurbin da yake ci. Aca ɗaya, Wiza 4, Balun 5, Balkiri 8, Bebi Diragon 10, Mayya 12, Ayis Golem 15, Diragon 20, Laba Hawun da Ilektiro Diragon 30 kowanne. Lissafin ba shi da wuya. Abin da ke da wuya shi ne sanin me kake so su yi maka.

Ka fara da tunanin rundunar mahari. Sojojinsa ba halinsu ɗaya ba. Akwai waɗanda idonsu na kan makaman tsaro kawai: Ƙato, Hog, Balun, Golem, Laba Hawun. Waɗannan ko ana saran su ta baya ba sa waiwayowa, matuƙar akwai makami ɗaya a tsaye a garin. Idan mai harin Hog ya yi ganganci ya saki Hog ɗinsa masu gadinka na raye, Diragon ɗaya ko Balkiri biyu za su bi su a baya su ƙarar da su ba tare da an mayar musu da ko duka ɗaya ba. Shi ya sa irin wannan mahari ba shi da zaɓi, dole ya fara kashe na cikin Sisi, kuma duk daƙiƙar da ya ɓata a kan haka daga cikin minti ukunsa take fita. Akwai kuma masu waiwayowa su yi faɗa, irin su Diragon da Wiza da Peka da jarumai. Waɗannan ba lalle ne ka iya kashe su ba, amma kana iya karkatar da su daga hanyar da maigidansu ya shata musu, ka tsayar da su a wurin da makamanka ke ruwan wuta.

Ka ga ke nan aikin mai gadi iri biyu ne: ko ya kashe, ko ya ci lokaci. Sababbin 'yan wasa na farkon kawai suke gani. Amma wanda ya daɗe yana yaƙi ya sha ganin hari ya tsaya a kashi 97 ko 99 cikin ɗari lokaci ya ƙare, sojoji na nan da ransu, sauran gini ɗaya ko biyu. Wannan taurari biyu ne, daidai da na wanda aka karkashe wa runduna a kashi 60 bayan ya rushe Tawun Hol.

A shekarun farko na wasan, cika Sisi da Aca da Wiza dabara ce mai kyau, domin suna da yawa, suna harbin sama da ƙasa, kuma fito da su duka yana cin lokaci. A 2015 aka kawo tsafin guba, wanda ake samu daga Tawun Hol 8. Ba ya taɓa gini, dakarun tsaro da jarumai yake ci, yana rage musu sauri yana zuƙe musu rai. Gurbi ɗaya kacal yake ci a jakar mahari, don haka kusan kowa na ɗauke da shi. Tun daga lokacin, tarin ƙananan sojoji masu ɗan ƙaramin rai ya zama abincin guba. Har yau za ka ga ana cika wa mutum Sisin yaƙi da Aca 30, mai bayarwa yana ganin ya yi abin kirki. Guba ɗaya ta ishe su.

Abin da nake ba da shawara shi ne a haɗa mai jure duka da mai zafin duka, kuma a tabbatar aƙalla ɗaya daga ciki yana kaiwa sama. A Tawun Hol 8, Diragon ɗaya da Balun ɗaya sun cika gurbi 25 daidai, kuma tsohon haɗi ne da har yanzu yake wahalar da masu zuwa ta ƙasa: Diragon na ƙona sama da ƙasa, Balun na sakin bam a kan waɗanda suka taru a ƙarƙashinsa. Balkiri uku da Aca ɗaya ma sun cika 25, kuma suna yi wa Hog da Ƙato kaca-kaca da gatarinsu mai juyawa, sai dai ranar da aka zo maka da Diragon zalla, Balkirin ko fitowa ba za su yi ba. A matakin 8 kuwa harin Diragon ya yi yawa ƙwarai, don haka ni na fi karkata ga haɗin farko.

A Tawun Hol 9, Bebi Diragon ɗaya da Balkiri biyu da Wiza ɗaya sun ba ka 30. Bebi Diragon yana da wata ɗabi'a mai amfani: idan babu wani na sama daga ɓangarensa a kusa da shi, sai ya fusata, dukansa ya ƙaru. Don haka kada ka haɗa shi da Balun ko Miniyon, ka bar shi shi kaɗai a sama. Wani zaɓin shi ne Laba Hawun shi ɗaya tilo. Wannan ba ya kashe kowa, dukansa ba ya wuce cizon sauro ga jarumi, amma ransa yana da yawa sosai, kuma idan ya mutu yana fashewa ya zama 'ya'ya masu yawa da ke watsuwa ko'ina. Amfaninsa yana bayyana ne a kan masu dabarar tura Sarauniya gaba da masu warkarwa huɗu ko biyar a bayanta. Sarauniya ɗaya-ɗaya take harbi. Za ta tsaya ta yi ta fama da shi, ta gama ta koma kan 'ya'yan, agogo na tafiya, makamanka na dukanta. Rauninsa shi ne mai zuwa ta sama zalla zai wuce shi ya bar shi a ɗaki.

A na 10 da na 11, Mayya biyu da Bebi Diragon da Aca ɗaya sun cika 35. Mayya tana ta kiran ƙwarangwal ba ƙaƙƙautawa, su kuma suna ɗauke hankalin duk mai harbi ɗaya-ɗaya, amma tana tsoron guba, don haka ta fi kyau a garin da Sisinsa ya nutse a tsakiya sosai. A na 12, Ayis Golem biyu da Bebi Diragon sun cika 40. Ayis Golem idan ya mutu yana daskarar da maharan da ke kewaye da shi na ɗan lokaci, kuma idan wannan ya faru a gaban manyan makamanka, runduna guda tana iya narkewa a tsaye. Ilektiro Diragon kuwa, wanda matasa ke so saboda girmansa da tsawarsa, yana da kyau a kan sojojin da suka cunkushe wuri ɗaya domin tsawar tana tsalle daga wannan zuwa wancan, amma yana da nawar harbi. Idan aka zuba masa guba aka sa Sarauniya a kansa, sau da yawa yana faɗuwa bai yi abin a zo a gani ba, ga shi ya cinye gurbi 30.

Goblin da mai fasa katanga ba su da wurin zama a Sisin tsaro. Tsafi da keken yaƙin da aka ba ka ma ba sa aiki a tsaro, na kai hari ne.

Wani abu da ake raina shi: yadda ake roƙon dakarun. Kada ka bar saƙon da wasan ya rubuta maka. Ka rubuta abin da kake so da sunansa da adadinsa, misali: "Salamu alaikum 'yan'uwa, don Allah Bebi Diragon ɗaya, Balkiri biyu, Wiza ɗaya, na tsaro ne." Wanda ya ga haka ya san ka san abin da kake yi, ba zai watso maka tarkace ba. Kai ma ka riƙa bayarwa, domin ƙungiyar da kowa ke miƙa hannu ba mai sakawa ba ta daɗewa. Zama a ƙungiya ɗaya a gina ta yana da riba ta zahiri: idan ta kai mataki na 5, duk sojan da aka bayar yana ƙaruwa da mataki ɗaya, idan ta kai na 10 ya ƙaru da biyu, gwargwadon iyakar da Sisin mai karɓa zai iya ɗauka. Masu tsalle daga wannan ƙungiya zuwa waccan kowane mako su ne kullum ke da raunanan masu gadi.

Jarumai ba sa buƙatar dogon bayani. A tsaro ba sa amfani da baiwarsu ta musamman, suna kewaya ɗan wurin da aka kafa su ne, su tare wanda ya matso, su koma. Sarki ba ya dukan na sama. Ka sa shi a ɓangaren da ka fi zaton rundunar ƙasa za ta shigo, ya tsayar da ita a bakin makamai. Sarauniya ta fi shi daraja nesa ba kusa ba, domin tana harbo Balun daga nesa, kuma duk mai shirin harin Balun da Laba Hawun tunaninsa na farko shi ne yadda zai kawar da ita. Kada ka sauƙaƙa masa. Ka sa ta can ciki, bayan katanga biyu, kusa da makaman sama, inda Sarkinsa da Sarauniyarsa ba za su kai gare ta daga waje ba. Ta kasance kusa da Sisi yadda za su taimaki juna, amma ba manne da shi ba, don kada guba ɗaya ta haɗa su.

Tarkon ƙwarangwal yana zuwa a Tawun Hol 8, kuma yana da maɓallin da mutane da yawa ba su taɓa dannawa ba: kana iya saita shi ya fito wa na ƙasa ko na sama. Ƙwarangwal ɗin ba su da ƙarfi, aikinsu ɗauke hankali. A saitin ƙasa, ka binne shi a hanyar da jaruman mahari ko Peka za su bi, cikin zangon manyan makamanka, ko kuma tsakanin makaman da Hog za su yi ta tsalle a kansu, tunda Hog ba sa waiwaye. Saitin sama ya fi amfani a kan Balun, don Diragon da hucin wuta ɗaya yake share su.

Duk wannan shiri yana nuna kansa ne a yaƙin ƙungiyoyi, wanda aka shigo da shi wasan a 2014. Ana ba da awa 23 na shiri, sannan awa 24 na faɗa, kowa da hari biyu. Ga abin da ya kamata kowane shugaban ƙungiya ya riƙe: Sisin yaƙi daban yake da na gida. A taswirar yaƙi ake cika shi, a ranar shiri kawai, kuma da ranar faɗa ta shiga an rufe ƙofa, ba a ƙara soja, ba a sauya tsarin gari. Amma abin da aka sa a ciki yana dawowa sabo a kowane hari, ko sau biyar aka kawo wa garin farmaki. Babu wata kyauta a wasan da ta kai wannan albarka, kuma ita ce ake bari tana zubewa. Sau nawa ake shiga yaƙi garuruwan sama a cike, na ƙasa huɗu ko biyar ba kowa a ciki, don kowa ya ɗauka wani zai cika?

A yankinmu dalilin bai wuce caji da sabis ba, kuma yana da magani. Kusan kowace ƙungiya ta 'yan gida tana da wani ɗan'uwa da ke karatu ko aiki a cikin garin Sakkwato, ko Kano, ko Abuja, inda wuta da sabis suka fi dama. A ɗora masa wannan aiki shi da mutum ɗaya mai manyan dakaru, a ce cika Sisin yaƙi nasu ne, daga na ƙarshe zuwa na farko. A kuma cika tun a awannin farko na ranar shiri. Idan shugaba ya nemi yaƙi bayan sallar isha'i aka samu abokan karawa nan da nan, ranar shiri za ta ƙare ne washegari wajen tsakanin magariba da isha'i, lokacin da mutane ke masallaci ko wayoyi ke wurin caji. Wanda ya ce sai lokacin zai cika, ya riga ya makara.

Kada kuma a cika wa kowa abu iri ɗaya. Abokin gaba idan yana leƙen garinka yana ganin adadin gurbin da aka cika, amma ba ya ganin ko su wane ne a ciki. Sai an kai hari na farko asiri yake tonuwa, domin duk ƙungiyarsu za ta kalli maimaicin. Idan suka ga Diragon da Balun a gari na 15 da na 14 da na 13, sun san abin da ke jiran su har sama. A sassaɓa. Wannan ya fi muhimmanci a gasar lig ta ƙungiyoyi da aka fara a 2018, inda ƙungiyoyi 8 ke karawa cikin kwana 7 kuma kowa hari ɗaya gare shi a rana. A can yawancin garuruwa sau ɗaya ake taɓa su, mahari bai ga maimaicin kowa ba, don haka abin da bai zata ba yana iya rusa masa shiri gaba ɗaya. Sai dai a lig kullum ne ake cika na gobe, kuma a nan ne ƙungiyoyi ke gajiya a rana ta huɗu ko ta biyar.

Bayan an kawo maka hari, ka kalli maimaicin, ko an ci ka ko ba a ci ka ba. Kada ka bi rundunar mahari da ido, ka bi naka. A wace daƙiƙa suka fito? Me ya tada su? A ina suka mutu, cikin gari ko a kusurwa? Me ya kashe su? Idan soja ɗaya ne ya fito da su, da'irarka ta leƙa waje ta wannan gefen, ka gyara. Idan guba ce ta share su a tare, ka sauya haɗin. Idan ba su fito ba sam, an zo maka ta sama kai kuma ka tara na ƙasa. Tun 2016 akwai ƙalubalen zumunci, inda ɗan ƙungiyarku zai kai wa garinka hari na gwaji ba tare da kowa ya yi asarar komai ba. Ka nemi wanda ya fi kowa iya hari a cikinku, ka ce masa ya gwada janye masu gadinka, ya gaya maka ta inda ya ga ƙofa. Tsarin garin da ka kwafo daga YouTube ko Facebook kuwa, dubban mutane sun kwafe shi, maharan ma sun san shi. Ko ba ka sauya komai ba, ka matsar da tarkuna.

Wannan hali na masu gadin kwamfuta ba a Clash of Clans kaɗai yake ba, kuma wanda ya gane shi a nan zai gane shi a ko'ina. A Minecraft, na kamfanin Mojang na ƙasar Suwidin wanda Microsoft ya saya a 2014, ana gina ƙaton mutumin ƙarfe da tubalan ƙarfe huɗu da kabewa a kai, wato sandunan ƙarfe 36. Mutane kan zuba wannan dukiya suna zaton zai tsare musu gida daga sauran 'yan wasa, alhali an yi shi ne don dodannin dare, ba ya tasar wa ɗan wasan da ya shigo haka kawai. Kyarkecin da aka horar da ƙashi yana kai wa wanda ya doki maigidansa hari, amma sai maigidan yana wurin. A ARK: Survival Evolved, na kamfanin Studio Wildcard, ana horar da manyan dabbobin zamanin da, kuma mai su yana zaɓar ko su kai wa duk baƙon da suka gani hari, ko su jira sai an taɓa su, ko su yi shiru. Wanda ya bar su a saitin farko a fili, mahara kan ja su da gudu zuwa nesa su kashe su ɗaya bayan ɗaya, daidai yadda ake yi wa na Sisi. Tambayoyin da za ka yi wa kowane mai gadi a kowane wasa su ne dai waɗannan: me ke tada shi, wa yake iya duka, har ina yake bi.

Supercell kan sauya ƙarfin dakaru da wasu ƙa'idoji lokaci zuwa lokaci, don haka bayan kowane sabunta wasa ka buɗe bayanin sojan da ka dogara da shi ka sake dubawa. Ka kuma ɗaure garinka da Supercell ID, domin waya tana faɗawa ruwa, tana ɓata, ana sace ta, kuma aikin shekaru bai kamata ya tafi da ita ba. Masu tallar manhajar da wai za ta ba ka duwatsu masu daraja kyauta, ka rabu da su: ko su sace maka asusun, ko kamfanin ya rufe shi.

Shugabannin ƙungiyoyinmu na Giyawa da Goronyo da Wurno da Rabah, ku nake roƙo musamman. A yaƙi mai zuwa, kafin kowa ya kwanta a daren farko na shiri, ɗayanku ya buɗe taswira ya bi garuruwan ɗaya bayan ɗaya tun daga na ƙasa, ya tabbatar babu Sisin da aka bari fanko, kuma duk yaron da ya ga nasa a bakin katanga, ya kira shi ya nuna masa yadda zai mayar da shi tsakiya.